Karayar Duwatsu da Tafiyar Ruwan Ƙarƙashin Ƙasa a Yankin Dole Kaina

Ƙasar da Dole Kaina ke zaune a kanta, da ta Lolo da Illo da Kaoje, har zuwa Gaya a Nijar da Malanbil a Benin, shimfiɗu ne na yashi da tsakuwa da yumɓu, wani bisa wani, waɗanda ruwa ya kwaso ya jibge cikin miliyoyin shekaru. Can ƙarƙashinsu akwai tsohon dutse mai tauri, irin wanda ke fitowa fili a wajajen Yawuri da Zuru. Wannan tsohon dutse a karye yake a wurare da dama, kuma karye-karyen nan suna da hannu a inda ruwa ke taruwa, da inda yake bi, da irin ɗanɗanon da yake fitowa da shi.

Dutse kan tsage kawai, ɓangarorin biyu su tsaya inda suke. Wannan tsaga ce. Karaya kuwa ita ce inda dutsen ya tsage sannan ɓangare ɗaya ya goce daga ɗan'uwansa, ko da taku ɗaya ne, ko kilomita masu yawa. Abin da ke jawo ta shi ne motsin ɓawon duniya, wanda ya kasu manyan falle-falle, kowane yana tafiyar 'yan santimita a shekara. Dutse yakan jure matsin nan tsawon zamani, ranar da abin ya fi ƙarfinsa sai ya karye, kuma zamewar da yake yi farat ɗaya ita ce girgizar ƙasa. Idan ja aka yi wa ɓawon, ɓangare ɗaya kan sulale ƙasa ya bar kwari, kamar yadda kwarin Binuwai ya samu lokacin da Kudancin Amurka ke rabuwa da Afirka sama da shekara miliyan 100 da suka wuce. Idan matse shi aka yi, ɓangare ɗaya ya hau kan ɗaya. Iri na uku shi ne wanda ɓangarorin ke zamewa gefe da gefe. Zurfi ma yana da tasiri: daga doron ƙasa zuwa kilomita 10 ko 15 dutse karyewa yake yi, ƙasa da nan zafi ya yi yawa, sai dai ya lanƙwashe ya miƙe a hankali.

Babbar karayar wannan yanki ita ce ta Kandi, wadda ta ci sunan garin Kandi na arewacin Benin. Ta samo asali kimanin shekara miliyan 600 da suka wuce, lokacin da tsofaffin sassan ƙasa suka yi karo suka haɗe. Ta ratsa Benin daga kudu zuwa arewa, ta nufo kwarin kogin Kwara, kuma masana sun danganta ta da wata karaya a duwatsun Hogar na Aljeriya, da wata a arewa maso gabashin Barazil. Layi ɗaya ne mai tsawon dubban kilomita, teku ya zo daga baya ya raba shi. A can zurfi ta fara, a matsayin zamewar gefe da gefe. Daga baya ta sake motsi kusa da doron ƙasa, ɓangarenta na gabas ya sauka, yashi da tsakuwa suka cika gurbin. Wannan shi ne kwarin Kandi, wanda ta arewa yake haɗewa da babban kwarin Iwillimedan da ya shimfiɗu a Mali da Nijar da Nijeriya. Gefen Iwillimedan na kudu maso gabas ne ake kira kwarin Sakkwato, kuma ɗaya daga cikin shimfiɗunsa na ƙasa-ƙasa, mai tsakuwa da farin yumɓu, sunan garin Illo na ƙasar Bagudo masana suka ba shi.

Ana ganin tasirin wannan a rafukan Benin da ke zubowa cikin Kwara. Alibori da Mekuru, masu bi ta kan tsohon dutse, kan ƙafe da rani. Sota, wadda ke shiga Kwara a Malanbil, ta kan dutsen yashi na kwarin Kandi take bi, shi kuwa yana shan ruwan damina ya riƙa sakinsa kaɗan-kaɗan, don haka ba ta yankewa.

Ruwan ƙarƙashin ƙasa ba tafki ba ne da ke kwance a wani kogo. A 'yan ƙofofin da ke tsakanin ƙwayoyin yashi yake, da cikin tsagogin dutse. Tun 1856 wani injiniya Bafaranshe, Henri Darcy, ya nuna a garin Dijon cewa gudunsa ya dogara ga abu biyu: bambancin matsi tsakanin wuri da wuri, da sauƙin ratsa abin da yake bi. Tsakuwa na barinsa ya wuce, yumɓu na riƙe shi. A cikin yashi, tafiyar yini ba ta cika wuce mita ɗaya ba. A tsaga kuwa lissafin daban ne, domin idan faɗinta ya ninka sau biyu, ruwan da za ta ɗauka ninkawa yake sau takwas. Tsaga ɗaya da wuƙa za ta iya shiga ta fi ɗaruruwan da ido ba ya gani.

A nan ne karaya ke da fuska biyu, kuma wannan shi ne abin da ya fi cancanta a riƙe. A tsakiyarta, inda ɓangarorin suka goga juna, dutse niƙewa yake kamar hatsi tsakanin dutsen niƙa da ɗansa, ya koma gari mai laushi, ruwa ya jiƙa shi ya zama yumɓu. Wannan tsakiya, wadda sau da yawa ba ta wuce 'yan taku ba, tare ruwa take yi. Amma a gefe da gefenta dutsen bai niƙe ba, farfashewa ya yi, tsagogi sun shiga juna, faɗin wurin kan kai mita gomomi ko ɗaruruwa. Ta nan ruwa ke gudu. Saboda haka karaya ɗaya tana iya hana ruwa ƙetarawa daga gabas zuwa yamma, alhali tana jan sa daga kudu zuwa arewa, ko daga zurfi zuwa sama. A shimfiɗu irin na kwarin Sakkwato akwai ƙarin abu: gocewar na iya kawo shimfiɗar yashi mai ruwa ta fuskanci ta yumɓu, hanya ta toshe, ko ta haɗa yashin sama da na ƙasa waɗanda a da ba su san juna ba. Wannan na cikin dalilan da ke sa rijiyar burtsatse ta ba da ruwa a yalwace, a haƙa wata a gonar maƙwabci zurfi ɗaya, a tashi da ƙura.

Mai haƙa a tsohon dutse ya san alamar shiga tsaga. Injin yana duka, ƙura busasshiya fara ko toka-toka tana tashi awa da awa. Sai sautin ya canza, ƙarfen ya faɗa da sauri, ɓarɓashin da ke fitowa ya zama manya-manya masu ja-ja a gefe, alamar tsatsar da ruwa ya bari. Kafin a ankara ruwa ya feso. An shiga tsaga ke nan. Da bakin rijiyar ya kauce da mita ashirin, da ba a same ta ba.

Inda yumɓu ya rufe shimfiɗar yashi, ruwan da ke ciki a matse yake, domin ya shigo ne daga tudu mai nisa. Binciken da wasu masana biyu, Anderson da Ogilbee, suka buga a 1973 a kan kwarin Sakkwato ya bayyana yadda shimfiɗar Gwandu ke ba da rijiyoyin da ruwansu ke hawowa da kansa a ƙasashen fadama na wajen Birnin Kabi. Irin waɗannan rijiyoyi akwai su a kudancin Dallol Mauri, tsohon kwarin da ke gangarowa ya tarar da Kwara daf da Dole. Abin da ƙarfen haƙa ke yi da gangan, karaya kan yi shi da kanta: ta huda yumɓun, ruwan zurfi ya tsattsafo sama. Ruwan da ya daɗe a zurfi kuwa yakan narkar da gishiri ya taho da shi. Dallol Foga, wanda ke haɗuwa da Mauri, ya yi suna da gishiri tun zamanin da. Wani matafiyi, Heinrich Barth, ya tarar ana dafa shi a can a 1853. Ana kankare ƙasar fako mai fari-fari, a tace ta da ruwa, a dafa ruwan har ya ƙafe. Zafin rana da ke zuƙe ruwan da ke kusa da doron ƙasa shi ne babban dalilin taruwar gishirin, wasu masana kuma na ganin tsattsafowar ruwan zurfi na ƙara masa. Manomin rani da rijiyarsa ta koma zartsi yana da ruwa da tsaki a wannan bayani.

Ba ruwan sha kaɗai ke bin karaya ba. Zafin ƙasa na ƙaruwa da digiri 25 zuwa 30 a kowace kilomita ta zurfi, shi ya sa ruwan da ya nutse ya dawo da sauri kan fito da ɗumi, kamar maɓuɓɓugar Ikogosi a jihar Ekiti. A zamanin da ake karye-karyen farko, ruwa mai tsananin zafi ya bi tsagogi ɗauke da ma'adinai, da ya huce ya bar jijiyoyin farin dutse. Zinariyar Bin Yawuri da ta Anka a cikinsu take. Yuraniyom ɗin Arlit na Nijar a jikin wata babbar karaya ya taru. Man Agadem ma, wanda bututunsa mai tsawon kusan kilomita 2,000 ya ƙetare Kwara a yankin Gaya zuwa gaɓar tekun Benin, karye-karye ne suka tare shi a ƙarƙashin ƙasa bai tsere ba.

Hanyar da ke kawo ruwa da sauri ita ce kuma ke kawo ƙazanta da sauri. Yashi na tace ruwa saboda jinkirin tafiya. Tsaga ba ta tace komai. Masai, da takin zamani, da man da ya tsiyaye daga jarkoki, duk suna iya isa rijiya cikin 'yan kwanaki idan tsaga ta haɗa su. Garin kan iyaka mai kasuwa da noman shinkafa, irin Dole Kaina, yana da dukkan ukun.

Gano karaya kafin haƙa ba abu ne mai wuya ba. Hoton tauraron ɗan'adam kan nuna layi miƙaƙƙe: rafi da ya tafi sambal, ko jerin itatuwa masu kore da rani. Daga nan masu awo su kafa turakun ƙarfe a jere, su ja waya, su tura lantarki cikin ƙasa. Busasshen dutse na ƙin lantarki, jiƙaƙƙen wuri na karɓarsa, ruwan zartsi ya fi kowa karɓa. Sai dai yumɓu ma yana karɓa, don haka awon na bukatar wanda ya san ƙasar wurin. Kuɗin wannan aiki kaɗan ne a kan asarar rijiyar da ta fito a bushe.

Abin da ya fi ƙaranci shi ne ajiye bayani. Kowace rijiya da aka haƙa tana nuna abin da ke ƙarƙashi: a mita nawa yashi ya ƙare, a ina yumɓu ya fara, ina aka tarar da ruwa, yaya ɗanɗanonsa. Ya kamata ƙananan hukumomi da ƙungiyoyin manoma da masu gina masallatai da makarantu su sa wa ɗan kwangila sharaɗin awo kafin haƙa, da miƙa wannan bayani a rubuce bayan an gama, a ba hukumar ruwa ta jihar Kabi da jami'o'in Sakkwato da Birnin Kabi da Aliero kwafi. Shimfiɗun da Dole Kaina ke sha daga cikinsu su ne na Gaya da Malanbil, kuma Nijeriya da Nijar da Benin duk mambobi ne na Hukumar Kogin Neja (wato Kwara), mai hedikwata a Yamai tun kafuwarta a 1980. Ta wannan hukuma ya dace a riƙa musayar bayanan rijiyoyin ƙasashen uku, domin a samu taswira ɗaya ta karye-karyen yankin da kowane mai haƙa zai duba kafin ya kafa injinsa.