Takardar Bindiga Ba Ta Ƙetare Iyaka

Jawabi ga ƴan kasuwa da ma'aikata na ƙasar Kurfai, a Filinge

Iyayenmu sarakuna da malamai, alhazai ƴan kasuwa, abokaina ma'aikatan gwamnati, ina neman gafara tun da farko, don maganar da na zo da ita ba kowa za ta yi wa daɗi ba.

Tun da hanyoyinmu suka lalace, akwai tambayar da nake ji a rumfunan kasuwa da tashar mota, ana yin ta ƙasa-ƙasa kamar maganar bashi. In mutum ya sha wahala ya samu takardar izinin riƙe ƙaramar bindiga daga hukumar Nijar, yana iya soke ta a ƙugu, ya rufe da riga, ya bi shanunsa har Illela ko Kamba, ko ya haura ƙasar Menaka da ita? Amsar gajeruwa ce: ba ya iyawa. Ƙarfin takardar yana ƙarewa daidai inda tutarmu ta ƙare. Taku ɗaya bayan shingen duwan, alhajin da ke da izini a Filinge ya zama mai safarar makami a idon alƙalin wata ƙasa.

Ban ga laifin mai tambayar ba. Ranar 15 ga Maris 2021, mutanen da suka ci kasuwar Banibangu suna komawa Shinagodar da Dare-Dai aka tare motocinsu, mutum 58 suka rasa rayukansu a wannan rana. Ƴan kasuwa ne da masu cefane irinku. Wanda ya yi wa maƙwabcinsa salla bayan irin wannan rana, in ya ce yana son abin kare kai, ba a ce masa ya cika tsoro. Sai dai tsoro ba ya karanta doka, shi ya sa na ga ya kamata mu karanta ta tare.

Nijar ƙasa ce mai gwamnati ɗaya, dokar makami ɗaya ce daga Ayoru har Bilma. Ba prefe ke da ita ba, ba magajin gari ba, ba kuma sarki ba, duk girmansa. Al'amari ne na ma'aikatar cikin gida, kuma tushen tsarin yana komawa ga wata doka ta 1963, zamanin Diori Hamani. Kafin ita ma da sauran tarihi. A 1890 Turawa suka zauna a Burusel suka ƙulla yarjejeniyar taƙaita sayar da bindigogin zamani a mafi yawan Afirka, ƙasarmu a ciki. Hujjarsu ita ce hana cinikin bayi, amma kowa ya san wanda ya ci ribar hanin: kakanninmu suka zauna da baka da mashi da bindigar toka, kumandan yana da mai harsashi. Na faɗi haka don ku san ba yau aka fara ba, kuma tun asali takardar bindiga shaidar amana ce tsakanin mai mulki da wanda ya yarda da shi. Amana kuwa ba a aron ta daga wata ƙasa.

Da tawayen arewa ya ɓarke a farkon shekarun 1990, bindiga ta cika daji. A 1994 aka kafa hukumar tattarawa da sa ido kan haramtattun makamai, aka sa hannu kan sulhu ranar 24 ga Afrilu 1995, a Satumba 2000 kuma aka tara bindigogi a Agadas aka cinna musu wuta a gaban jama'a. Mun zaci an gama. Faɗuwar Gaddafi a 2011 da rikicin Mali a 2012 suka sake buɗe rumbun, kuma mu da ke bakin iyaka mu muka fara shan ƙurar.

Yanzu ku saurari wani abu da ba kasafai ake lura da shi ba. A ƙarshen Oktoba 1998 shugabannin ƙasashen CEDEAO suka taru a Abuja. A zama guda suka yanke shawara biyu. Suka amince da takardar ƙetare iyaka ta makiyaya, wadda ke nuna yawan garke da allurar da aka yi masa da hanyar da zai bi, domin Bafillace ya wuce da dabbobinsa daga ƙasa zuwa ƙasa. A wannan zaman dai suka dakatar da shigo da ƙananan makamai da fitar da su da ƙera su. Wato saniya aka buɗe wa ƙofa, aka rufe wa bindiga, da gangan, ido buɗe. Ranar 14 ga Yuni 2006 aka mai da dakatarwar cikakkiyar yarjejeniya, ta fara aiki a 2009. Ta ce kafin a ba farar hula izini sai ya kai shekarun da doka ta yanka, ba shi da tabon laifi, ya nuna dalili karɓaɓɓe, ya koyi riƙon makamin, ya kuma nuna inda zai ajiye shi dabam da harsashi. Game da baƙo kuwa, ba ta ce a karɓi takardar ƙasarsa ba. Ta ce sai ya nemi izini tun kafin ya taso, ya faɗi irin makamin da lambarsa da dalilin shigo da shi, a rubuta masa takardar shiga, ran fita a rubuta ta fita. Ko lokacin da muke ɗaki ɗaya da Najeriya da Benin, fasfo na wucewa, takardar inshorar mota na wucewa, ta bindiga ba ta taɓa wucewa ba.

Alhazai masu bin hanyar kudu, ku riƙe wannan da kyau. A dokar makamai ta Najeriya, wadda ta samo asali daga 1959, ƙaramar bindiga ta aljihu tana cikin jerin haramtattu, sahu ɗaya da makaman soja, kuma shugaban ƙasa ne kaɗai ke da ikon ba da lasisinta. Bindigar farauta mai harsashi ta sufeto janar na ƴan sanda ce, ta toka kuma ta kwamishinan jiha. Hukuncin riƙe haramtacciya yana kai ɗaurin shekara 10. Kada wani dillali ya ce muku ya san wani babba a Sakkwato. Ai ko gwamna bai iya ba. A Yuni 2022, da ɓarayin daji suka addabi Zamfara, gwamnatin Bello Matawalle ta ce jama'a su nemi bindiga, har ta yi shelar raba takardun nema 500 ga kowace masarauta cikin 19. Ba a daɗe ba babban hafsan tsaron ƙasar, Janar Lucky Irabor, ya fito ya ce gwamna ba shi da wannan iko. In takardar gwamnan Zamfara ba ta tsaya a Gusau ba, ina ga tamu ta Yamai?

Wani ɗan boko zai ce, to ai a Amurka ana yi. Bari mu leƙa can kaɗan, don misalin yana da amfani, ko da ba ta hanyar da yake nufi ba. Amurka ƙasa ɗaya ce, tuta ɗaya, kuɗi ɗaya, tsarin mulkinta ma ya ambaci haƙƙin riƙe makami, kotun ƙolinta kuma ta ce a 2022 haƙƙin ya haɗa da fita da ƙaramar bindiga waje. Duk da haka kowace jiha cikin 50 da dokarta. Fiye da rabinsu sun daina neman takarda daga mai ɗauka. Wasu suna karɓar takardar maƙwabta bisa yarjejeniya, wasu kamar New York da New Jersey ba su karɓar ta kowa. A 2013 wata mata mai ƴaƴa biyu daga Filadelfiya, da cikakken izinin jiharta, ta ƙetara New Jersey da mota. Ɗan sanda ya tsai da ita kan laifin tuƙi, ita da bakinta ta gaya masa tana da bindiga da takarda. Ta yi makonni a tsare, ɗaurin fiye da shekara 3 yana jiran ta, sai a 2015 gwamnan jihar ya yi mata afuwa. A Disamba 2017 majalisar wakilansu ta amince da ƙudurin tilasta wa kowace jiha karɓar takardar ƴar uwarta, ya je majalisar dattawa ya kwanta. Gardamar tasu ita ce tamu: jihar da ta tsananta bincike tana cewa, don me zan yarda da hatimin wadda ba ta bincike? Mutanen da ke da kwamfuta a kowace motar ƴan sanda ke nan, suna iya duba lambar takarda cikin minti ɗaya, amma ba su daidaita ba.

Mu fa? A Janairu 2024 Nijar da Mali da Burkina Faso suka ba da sanarwar ficewa daga CEDEAO, ficewar ta tabbata ranar 29 ga Janairu 2025, ranar da aka fito da fasfo na ƙawancen ƙasashen Sahel. Na ji masu cewa, tun da fasfo ya zama ɗaya, a haɗa takardar bindiga ma ta zama ɗaya daga Bamako har Diffa. Ni ban goyi bayan haka ba, kuma ga dalilina. Karɓar takardar wani yana nufin ka yarda da littafinsa. Jandarman da ke tsaye a shingen Abala, in aka miƙo masa takarda mai hatimin Gao ko Dori, wa zai kira ya tabbatar? Wane littafi zai buɗa? Tun 2022 galibin ƙasar Menaka ta faɗa hannun masu ɗauke da makamai, ofisoshi suka watse, hatimi kuwa ko a kasuwa ana sassaƙa shi. Ranar da aka ce takardar waje ta halatta, wanda zai fara cin moriyarta shi ne wanda muke gudu, don ya fi mu kuɗin sayen takarda, ya kuma fi mu dalilin saye.

Akwai kuma maganar da ta fi wannan ɗaci. Bindigar aljihu mai harsashi kaɗan ba ta tare mutum talatin bisa babura da kalashi. Ranar 2 ga Nuwamba 2021 magajin garin Banibangu ya fita da ƴan sa-kai zuwa Adab-Dab, mazaje ne da suka san dajin kamar tafin hannunsu, da makamansu. Mutum 69 ba su dawo ba, har da shi. Allah ya ji ƙansu. Ba don in rage darajar jaruntakarsu na ambace su ba. Na ambace su ne don wanda ke tunanin ƙarfen da ke ƙugunsa zai fisshe shi a hanyar Sanam ya sake lissafi. Sau da yawa ma, in an tare mota aka samu makami jikin mutum ɗaya, fasinjojin duka ke biya.

Kukanmu ya kamata ya tafi wajen rakiyar soja ranakun kasuwa, da sa'a sananniya da motoci za su taru su tashi tare, da hanyar aika kuɗin dabbobi ba tare da an ɗaura miliyoyi a ciki ba, tun da kuɗin ne ake bi, ba mutumin ba. In kuma shugabannin ƙasashen uku za su rubuta tasu yarjejeniyar makamai, to su fara da littafi ɗaya na lambobin bindigogi da sunayen masu izini, wanda jandarman Abala zai iya dubawa, su riƙe tsarin takardar baƙo ta shiga da fita, kuma a karanta mana ita da Hausa da Zabarmanci da Fillanci da Buzanci a rediyo kafin a fara kama mutane da ita.

Abokaina ma'aikata, kaso mai yawa na wannan ruɗani namu ne. Ɗan kasuwa ya zo ofis da tambaya, a ce masa ya dawo gobe, gobe a ce mai sa hannu ya tafi Yamai, har ya gaji ya koma wajen dillali. Dillalin ya karɓi jikkunansa ya ba shi ƙarfe marar lamba da takardar da ba ta cikin littafin kowa. Ku gaya wa mutum gaskiya ran da ya zo: ga takardun da ake nema, ga inda ake kai su, ga abin da izinin ya halatta, ga inda ya tsaya. In ba zai samu ba, ku ce ba zai samu ba.

Ku kuma alhazai, wanda ke da izini na gaskiya a cikinku, in tafiyar ƙetare ta kama shi, ya cire harsashi, ya kulle makamin a gida, ya bar takardar tare da shi. Wanda ke da marar takarda, hukumar da aka kafa a 1994 don karɓar irin wannan aka yi ta, kuma ya fi sauƙi a bi ta hannun sarki ko prefe a miƙa, da a same shi a shinge. Na ga hannuwa a sama can wajen masu shanu. A miƙa musu lasifika, alhaji na baya shi ya fara ɗagawa.