Sinadarin Labari: Kimiyyar Ƙage a Duniyar Faifai ta Terry Pratchett



Takardata ta shafi wata kimiyya da ba a koyar da ita a kowace jami'a, domin marubuci ne ya ƙaga ta. Terry Pratchett, mutumin Ingila da ya rayu daga 1948 zuwa 2015, ya rubuta littattafan ƙagaggun labarai 41 a kan duniyar da ya kira Discworld. Shimfiɗaɗɗiya ce kamar faifai, tana kan giwaye huɗu, su kuma giwayen suna tsaye a bayan wani ƙaton kunkuru mai iyo a sararin samaniya. Tambayar da mai hankali zai yi ita ce: me ya riƙe irin wannan duniya ba ta wargaje ba?

Amsar ta fito fili a 1999, cikin The Science of Discworld, wanda ya rubuta tare da Ian Stewart masanin lissafi da Jack Cohen masanin halittu. A duniyar Discworld akwai wani sinadari, naratibiyam, wanda aikinsa shi ne tilasta wa al'amura su bi hanyar da labari yake so. A duniyarmu dutse yana faɗowa saboda ƙasa na jan sa. A can abu yana faruwa ne saboda haka aka saba ji a labari. Duk wanda ya tashi da tatsuniya ya san wannan doka ko bai san sunanta ba: in sarki ya aiki 'ya'yansa uku, manyan biyu sai sun kasa, auta ne zai dawo da nasara. Pratchett ya ɗauki wannan al'ada ta masu ba da labari ya mai da ita dokar halitta. Ya kwatanta ta da ruwa mai gangarowa daga dutse: duk lokacin da aka sake ba da labari, kwarinsa na ƙara zurfi.

Doka in ta tabbata, ana iya yi mata dabara. A Guards! Guards! na 1989, wasu 'yan gadin birni suna son harbe wani dodo mai aman wuta. Sun san a duniyarsu abin da damarsa ta kai ɗaya cikin miliyan kusan kullum yana yiwuwa. Sai suka shiga wahalar da maharbinsu da gangan, har da tsayuwa da ƙafa ɗaya, don lissafin ya cika daidai. Kibiyar ta kuskure. Dodon ya banka wa ginin da suke kai wuta, amma suka tsira, domin tsirarsu ce ta zama ɗaya cikin miliyan. Dokar ta yi aiki, ba dai a inda suka nufa ba.

Wannan na raha ne. Inda nake ganin nauyin maganar yake shi ne Witches Abroad na 1991. Wata mai sihiri, Lilith, ta mallaki birnin Genua, ta ɗora wa mutanensa tatsuniyoyi ƙarfi da yaji. Mai sassaƙa kayan wasan yara dole ya riƙa fito yana aiki, in ya ƙi a hukunta shi. Yarinya mai aikin wahala a madafa dole ta auri yarima, ko da yariman kwaɗo ne aka sauya wa kama, ko da ba ta so. Mafi ban tausayi shi ne kyarkecin da aka cusa wa tunanin mutum don ya taka rawarsa a labari. Ya kasa zama dabba, ya kasa zama mutum, har ya roƙi a kashe shi. Lilith kuwa ta yi imani ita ce ta kirki, ai farin ciki take rabawa. 'Yar uwarta, tsohuwa Weatherwax, mai kaushin hali, ita ta tsaya ta ce ba a mai da mutane kayan aikin labari.

A nan nake saɓa wa masu ɗaukar naratibiyam a matsayin zolaya kawai ga marubutan da ke maimaita tsohon zance. Zolayar tana nan, amma tana ɗauke da tuhuma: ƙarshe mai daɗi, in an tilasta shi, zalunci ne ga waɗanda aka ba ƙananan rawa. Labari yana kula da jarumi, ba ruwansa da kyarkeci.

Sauran batu ɗaya. A littafin 1999, masu sihirin Discworld sun ƙirƙiro duniyarmu bisa haɗari, suka bincike ta ba su sami ko ɗigon sinadarin ba, abin ya ɗaure musu kai. A littafi na biyu, The Globe na 2002, marubutan suka ce sinadarin yana cikin kawunanmu, har suka ba da shawarar a kira ɗan Adam biri mai ba da labari. Ke nan duwatsu da taurarinmu ba sa bin labari, amma mai neman mulki, da mai talla, da mai tunzura jama'a zuwa yaƙi duk da shi suke aiki. Bambancin shi ne a Genua an san wanda ke jan zaren.