Jawabi Ga 'Yan Kasuwa: Cakin Da Banki Ya Mayar, Da Biyan Diyya

Maganarmu ta yau a kan caki ce, watau takardar nan da akan ba mu maimakon tsabar kuɗi, mu je banki a ce babu kome a asusun mai ita.

Tun 1977 dokar Nijeriya ta mai da wannan laifi. Wanda ya karɓi kaya da irin wannan caki, in an tabbatar, ɗaurin shekara 2 ne, ba zaɓin tara. Amma fa sai an kai cakin banki cikin wata 3 daga ranar da ke jikinsa. Kada mu bar shi ya kwana a adaka.

To, ɗauri ba ya mayar wa mai atamfa jarinsa. Domin haka dokar shari'ar laifuffuka ta 2015 ta ba alƙali ikon sa mai laifi ya biya diyya, ana kuwa karɓarta kamar tara. Lalle mu roƙi diyyar nan a gaban alƙali, da caki da rasit a hannu.

In kuwa ɗayanmu aka yanke wa biya, kada ya ɓuya. Ya biya ta hannun kotu, ya karɓi rasit. In ƙarfinsa bai kai ba, ya roƙi alƙali ya yanka masa kaɗan-kaɗan, tun ba a zo kama kayan rumfarsa ba. Wanda ake bi yau, shi ke bin wani gobe.

Allah ya rufa mana asiri. Wasalam.