Taswira Ma Tana Tsufa



Manomin da aka haifa a Funtuwa a 1960, ko bai taɓa barin gonarsa ba, sunan jiharsa ya sauya sau uku: daga Jihar Arewa zuwa Arewa ta Tsakiya a 1967, Kaduna a 1976, sa'an nan Katsina a 1987. Wannan sauyi taswira ta nuna shi. Abin da ke damuna shi ne wanda ba ta nunawa.

A zamanin Turawa malaman taki kan auna gona da ƙafa domin yanka haraji, daga baya masu safiyo suka karɓa. Dukansu fili suka auna, suka bar zamani. Alhali gona ɗaya a Bakori ko Malumfashi, rabon gado biyu ya isa ya mai da ita goma. Burtalin da garke ya bi bara, bana masara ce a kansa. Ranar da makiyayi ya dawo, shi da manomi kowa da taswirar da ke ransa, sai rigima, wani lokaci har da asarar rai.

Saboda haka muna bukatar sabuwar sana'a: masu taswira waɗanda za su riƙa komawa kowane ƙauye bayan 'yan shekaru, su zauna da mai unguwa da arɗo da dattawa, su rubuta iyakoki da burtali da mashaya, kowanne da kwanan wata. Dattawan nan ke riƙe da tsoffin iyakoki a ka, kuma kullum raguwa suke yi. In ba mu je mun tambaye su ba, wa zai je?