Kafin Ka Kai Katinka A Gasa Shi

Masu sauraro barkanmu da warhaka, na cikin Gusau, na Tsafe, na Bungudu har Kwatarkwashi. Yau maganata da masu gidan gem ce, da samarin nan da suka tara kuɗi suka haɗa kwamfuta don buga PES da FIFA da GTA. Iyaye ma kada ku murɗa akwatin, don idan abu ya lalace aljihunku za a dosa.

Na san yawancin gidajen gem a nan PlayStation suke ajiyewa. To amma kwamfuta ta fara yawa, kuma ƙorafin da ke zuwa mini iri ɗaya ne. Wani ya ce wani koren layi ya tsaya masa a gefen allo. Wani ya ce lambobi ne suka fito a kusurwa suna ta canzawa. Wani kuma ya ce filin ƙwallon ne ya cika da ɗigo-ɗigo, fuskar ɗan wasa ta miƙe har sama. Kuma duk maganarsu ɗaya ce: katin hoto ya ƙone. Washegari sai ka ga yaro ya naɗe katin a leda ya nufi wurin mai gyaran waya a hura masa wuta da bulowa. Wannan hura wutar ce ta sa na kawo zancen yau, kuma za ku ji ina ta nanata ta, ku yi haƙuri da ni.

Abu na farko, dubi abin da ya fito. Yana karantuwa? Idan harafi ne, ko lamba, ko tambari mai tsari da ya zauna wuri ɗaya, katinka lafiyarsa ƙalau. Katin da ya lalace ba ya rubutu mai kyau. Wata manhaja ce ta ɗora shi, kuma wani ne ya kunna ta, ko kai, ko ƙaninka, ko yaron da ya zo buga wasa ya danne kibod da gwiwar hannu.

Mu ɗauki masu kati biyu. Dabarar haɗa kati biyu a kwamfuta ɗaya ta daɗe. Kamfanin 3dfx ne ya fito da ita a 1998 da katinsa Voodoo2, NVIDIA ta saye kayan kamfanin, ta dawo da sunan SLI a 2004, ATI kuma ta biyo baya da nata CrossFire a 2005. Yadda suke aiki kamar mata biyu ne masu lugude a turmi ɗaya: wannan kati ya zana hoto guda, wancan ya zana na gaba. Idan hannunsu ya zo ɗaya, sai daɗi. Idan ɗaya ta makara ko da ƙiris ne, kunne zai ji. Shi ne 'yar sarƙewar nan da kuke gani, lamba tana nuna gudu mai yawa amma ido yana ganin wasan yana ɗingishi. To koren layin nan mai rubutun SLI da ke tsaye a gefen hagu yana faɗaɗa yana tsukewa, ma'auni ne kawai, yana gaya maka yadda katunan biyu suke raba aiki. Ka shiga NVIDIA Control Panel, a can sama akwai 3D Settings, ka danna za ka ga Show SLI visual indicator da alama a gabansa. Cire alamar, shi ke nan. A wuri guda ake kashe wanda ke rubuta PhysX a kusurwa. Masu AMD kuma, tambarin CrossFire da ke fitowa a saman dama, shi ma a saitin manhajar katin ake kashe shi. Minti ɗaya bai cika ba. A kan wannan mutum zai kai kati a gasa? Haba samari.

Sauran lambobin kuma kowanne da ubangidansa. Idan rawaya ne manya a kusurwa, wannan Fraps ce, tsohuwar manhaja. Idan jeri ne mai nuna zafin kati da yawan aikinsa, galibi MSI Afterburner ce da abokiyar tafiyarta RivaTuner, ka duba can ƙasa kusa da agogo za ka same su a ɓoye. Na NVIDIA, Alt da R ke kunna shi ya kashe shi, Alt da Z kuma ya buɗe maka babban shafin. Na AMD, Ctrl da Shift da O. Windows ma tana da nata, maɓallin Windows da G. Steam, Shift da Tab. Ka ga ke nan ana iya tara uku ko huɗu a kan wasa ɗaya, suna rige-rigen zana abu a kan hoto guda, daga nan allo ya fara ƙyaftawa ko wasan ya rufe kansa. Ka bar guda ɗaya, wanda ke nuna zafi, sauran ka kashe su. Rubutun nan kuwa na ƙasan dama mai cewa Activate Windows, ba sai na yi bayani ba, kun san inda kuka samo Windows ɗinku.

Akwai wanda ke ba ni dariya. Alhaji mai shago ya sayo sabuwar talabijin, ana cikin wasa sai wani faifai ya fito daga gefe yana tallan ingancin talabijin ɗin, ya ɓace, bayan 'yan mintuna ya dawo. An sauya kebul, an sauya kati, an sake Windows, yana nan. Alhaji, talabijin ɗinka a saitin kanti take, wanda ake sawa don jan hankalin mai saye. Ɗauki rimot ka mayar da ita saitin gida. Wasu allunan kwamfuta na gem su ma suna da ɗan ɗigo ko gicciye da suke sawa a tsakiya don masu wasan harbi, maɓallinsa yana jikin allon. Gwajin mai sauƙi ne: zare HDMI. Idan abin yana nan bayan ka zare, kwamfuta ba ta da laifi.

To yanzu mu zo inda ba rubutu ba ne. Ɗigo-ɗigo masu walƙiya, murabba'ai ja da kore, layuka a tsaye, hoto yana yayyagewa. A nan ma kada ka yi gaggawa. Danna Print Screen, ajiye hoton, tura shi wayarka ka duba. Idan hoton ya fito fes a waya alhali allonka cike yake da datti, to katin ya zana daidai, a hanya abin ya ɓaci: kebul ne, ko ramin da ake soka shi, ko talabijin ɗin kanta. Kebul ɗin HDMI na araha mai tsawon mita biyar ko goma da ake ja ta bayan benci ana takawa, shi ne kan gaba wajen kawo farin ɗigon nan. Araha ba ta ado. Ara na maƙwabci gajere ka gwada. Idan kuma dattin ya biyo hoton har cikin waya, to daga cikin kwamfuta ne, sai mu tambaya, direba ne, wato manhajar da ke tafiyar da katin, ko ƙarfen ne kansa. Kashe ka kunna, ka zuba ido kan tambarin farko da ke fitowa kafin Windows ta tashi. Idan tun nan akwai layuka, kebul kuma lafiya, ba direba ba ne, don a lokacin bai ma fara aiki ba. Idan nan fes ne sai an shiga wasa, akwai sauran fata. Cire direban gaba ɗaya da manhajar DDU, ka sa sabo daga shafin kamfanin. In an taɓa ƙara wa katin gudu a Afterburner, mayar da shi yadda ya zo.

Tunda na ambaci direba, bari in yi ɗan tsokaci. Kun tuna watan Satumba na 2021 da aka rufe layukan waya a duk faɗin Zamfara. Wanda kwamfutarsa ta rikice a lokacin, sai dai ya yi tafiya zuwa inda akwai sabis ko ya haƙura. Ku ajiye direban katinku da DDU a filashi, ku sa a aljihun tebur. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Masu laftof na gem, yawancinku ku ma kati biyu gare ku, ko ba ku sani ba. Akwai ƙaramin na Intel da ke cikin injin, akwai babban na NVIDIA ko AMD, suna miƙa wa juna aiki. Wani lokaci wasa ya tashi a kan ƙaramin, ya riƙa jan ƙafa, inuwa tana ƙyaftawa. A saitin Graphics na Windows ake zaɓa wa wasan babban kati. Masu babbar kwamfuta kuma ku leƙa baya: idan kebul ɗinka yana soke a sama kusa da ramukan USB, a madabod ka sa shi, katin da ka kashe kuɗi a kai yana zaune yana shan iska. Sauko da shi ƙasa, jikin katin.

Mai kati biyu kuwa yana da gatan da wani ba shi da shi, don yana da abin gwaji a hannu. Kashe SLI ko CrossFire tukuna ka ga ko dattin zai tafi. Sannan kashe kwamfuta, zare ta daga bango, ba kashe soket kaɗai ba, cire kati ɗaya da 'yar gadar da ke haɗa su, gwada kowanne shi kaɗai a rami na farko. Mai laifi zai nuna kansa. Idan kuma kowanne lafiya lau shi kaɗai, sai an haɗa su ake samun matsala, to ka zargi gadar, ko ka zargi wuta. GTX 1080 guda tana cin wat 180. Biyu 360 ke nan, ba a sa injin ba, ba a sa talabijin da fanka ba. Akwatin wutar cikin kwamfutar, in irin marar sunan nan ne mai nauyin biredi, ba zai ɗauka ba, komai lambar da aka rubuta a jikinsa. Ga kuma ƙaramin janareta da ke ƙugi yana sama yana ƙasa duk lokacin da aka jona firji. Wutar NEPA ma ba ta zuwa da sallama. Sitabilaiza ko UPS ba ado ba ne a garin nan.

Sai zafi. Watan Maris da Afrilu a Gusau ma'auni yana kaiwa digiri 40, shago rufin kwano, samari goma sun cika shi, ƙofa a rufe saboda hasken rana. Kafin nan hunturu ya riga ya cusa ƙura cikin haƙarƙarin katin ta zama kamar bargo. In kati biyu ne manne da juna, na sama iskar da na ƙasa ya dumama yake shaƙa. Idan ka ga lambar zafin kati ta haura 85 tana neman 90, ko ka ga ɗigon ba ya fitowa sai an yi rabin awa ana wasa, tsayar da wasan, ko da ana kunnen doki a minti na tamanin da tara. Buɗe murfin, kaɗe ƙurar da burushi mai laushi, riƙe fankar da yatsa kada iska ta wulwula ta. Ɗaga kwamfutar daga ƙasa. In katin ya shekara uku ko huɗu, a sauya masa man nan mai ruwan toka da ke tsakanin injinsa da ƙarfen sanyaya, don ya bushe. Wannan kam mai gyara zai iya yi maka, kuma ba wuta a ciki.

Ga dalilin da ya sa nake tsoron bulowar. Al'adar ta samo asali ne wajen 2008, lokacin da wasu injinan hoto na NVIDIA da ke cikin laftof suka riƙa mutuwa saboda haɗin da ke cikinsu ba ya jure zafi da sanyi, har kamfanin ya ware kusan dala miliyan 200 don gyara da musanya. Mutane suka lura in an dumama injin yana farfaɗowa, sai abin ya bazu. Yana farfaɗowa kuwa, na mako biyu, na wata guda, sannan ya koma, sau da yawa ya fi da muni. Dalmar da ke ƙarƙashin injin sai ta haura digiri 200 take narkewa, kuma a gefenta akwai ƙananan kaya da roba da ba su jure wannan. Idan lafiyayyen kati ka kai, wanda kebul ko saiti ne kawai matsalarsa, ka ga garin gyaran gira an rasa ido. 'Yan'uwana masu gyaran waya, ba raina sana'arku nake ba, hannunku na da kyau a kan fanel ɗin waya. Amma ku tambayi yaron tukuna: ka gwada wani kebul? Ka ɗauki hoton allo? In bai yi ba ku kore shi ya je ya yi.

Kuma masu saye, ku sani ana gasa mataccen kati a sayar da shi kafin ya sake mutuwa. Tun da Ethereum, kuɗin nan na intanet, ta daina amfani da katunan hoto wajen haƙa a Satumban 2022, tsofaffin katunan da suka yi shekaru suna aiki dare da rana suka cika kasuwannin duniya, wasu sun gangaro Ikeja, wasu Kano, wasu sun iso hannunmu. Juya katin ka dubi bayansa. In ka ga wuri ya yi rawaya ko ruwan ƙasa daidai saitin injin, ko sukurorin sun sha sukundireba, ajiye musu kayansu. In za ka saya, a sa wasa mai nauyi a gabanka ya yi awa guda.

Wani zai ce to in ƙaro kati na biyu don gudu ya ninku? Ni dai ban ba ka shawara ba. AMD ta ajiye sunan CrossFire tun 2017. NVIDIA ta daina fitar da sababbin saitin SLI na wasanni daga farkon 2021, RTX 4090 da ta fito a 2022 ko wurin soka gadar ba ta da shi. Sababbin wasanni ba su san da kati na biyu ba, yana nan dai yana cin fetur ɗinka yana ƙara wa shago zafi. Kuma kati biyu masu 4GB ba sa zama 8GB, kowanne kwafin abu ɗaya yake riƙewa. In kana da biyu, sayar da su ka haɗa kuɗin ka sayi guda mai ƙarfi, ko ka raba su a kwamfuta biyu ka samu kujerar kwastoma ta biyu.

Na ga mai kula da na'ura yana nuna mini agogo. Ɗaliban Jami'ar Tarayya ta Gusau da suka aiko tambaya kan laftof mai mutuwa da zarar an zare caja, ban manta da ku ba, da ita za mu buɗe mako mai zuwa in Allah ya kai mu. Yaran da ke gidan gem yanzu haka, an kusa kiran Magariba, a ajiye hannu a tashi.