Fataken Jamus da Hanyar Zurmi zuwa Badarawa: Darasi Gare Mu



Wataƙila wani ya ce, me ya haɗa Katuru da fataken Jamus? Amsar ita ce hanya, domin sai da hanya ake fatauci.

A shekarar 1241, biranen Lubek da Hambag na arewacin Jamus suka ƙulla alkawarin tsare hanyar da ke tsakaninsu daga 'yan fashi. Irin wannan alkawari ne ya haifi ƙawancen da ake kira Hansa, wanda ya haɗa garuruwa kusan 200. Ba su da sarki guda, ba su da runduna ta dindindin, sai amana da doka. Sun kafa manyan zanguna huɗu: Landan a Ingila, Buruj a Beljiyam ta yau, Bagen a Nowe, da Nobgorod a Rasha. Suna safarar gishiri, busasshen kifi, fatu, kakin zuma, hatsi da tufafi. Garin da ya saɓa doka, sai a yanke ciniki da shi har ya dawo kan hanya. Sun yi babban taronsu na farko a 1356. Da sarakunan ƙasashe suka yi ƙarfi, kowane gari ya koma duba aljihunsa, sai ƙawancen ya sukurkuce, har garuruwa tara kacal suka halarci taron ƙarshe a 1669.

Wannan tsari ba baƙo ba ne gare mu. Haka kakanninmu suka yi fataucin goro zuwa Gwanja: ayari guda, madugu guda, ga jagaba, ga mai gida a kowane zango.

Jikokin waɗancan fatake sun iso mu. A tsakiyar ƙarni na 19, kamfanonin Hambag irin su O'Swald suka riƙa jibgo wuri daga Zanzibar zuwa Ikko, har ya yi yawa, darajarsa ta faɗi. A watan Maris na 1853, Heinrich Barth, haifaffen Hambag, wanda aka sani da Abdulkarim, ya biyo ta Zurmi da Badarawa kan hanyarsa daga Katsina zuwa Wurno. Ya tarar da kasuwar Badarawa maƙil da jama'a da auduga, duk da cewa yaƙi da Gobirawa ya sa matafiya ba sa ratsa dajin Gundumi sai cikin ayari. Bayansa, Robert Flegel, wanda ya fara aiki da kamfanin Gaiser a Ikko a 1875, ya ziyarci Sakkwato, kuma a 1884 ya tafi da Madugu Mai Gashin Baki har birnin Balin. Amma Turawan Ingila suka riga su samun gindin zama, yaƙin 1914 kuma ya rufe kantunan Jamusawa. Da jirgin ƙasa ya iso Ƙauran Namoda a 1929, gyaɗa da audugarmu suka sami sabuwar hanya.

'Yan uwa, yau hanyar ce ta zama abin tsoro. Mun ga yadda aka rufe kasuwannin mako a Zamfara a 2021 saboda 'yan bindiga, har kasuwar Shinkafi ta ranar Alhamis ta yi tsit. Manomi ya rasa inda zai kai amfanin gonarsa, mai tireda ya ci jarinsa.

Mutanen Lubek ba su jira wani ya zo daga nesa ba. Saboda haka muna ba da shawara uku. Na farko, 'yan kasuwarmu na Kano, Kaduna, Abuja da Legas su zama masu gida ga ƙannenmu masu tasowa. Na biyu, mu kafa asusun tallafa wa wanda aka tare a hanya ya rasa jari. Na uku, mu haɗa kai da 'yan uwanmu na Shinkafi, Ƙaura da Zurmi, mu tunkari hukuma da murya ɗaya kan tsaron hanya. Tsintsiya ɗaya ba ta shara.

Allah ya ba mu zaman lafiya, ya mayar da kowa gidansa lafiya. Wassalam.