Idan Mai Zauren Biki Ya Yi Shiru
Jawabin Wayar da Kan Jama'a a kan Hayar Wurin Taro



Wannan jawabi ya shafi wata matsala ce da ke damun iyaye da angwaye a manyan garuruwan ƙasar nan, irin su Legas da Abuja da Kano da Kaduna da Fatakwal. A da can, in biki ya zo, ƙofar gida da tsakar gida sun wadatar. A kafa rumfa, a shimfiɗa tabarmi, maƙwabta su ba da aron ɗakuna, shi ke nan. Yanzu kuwa gidaje sun matse, jama'a ta yawaita, har ya zama da yawa daga masu aure sai sun yi hayar zaure domin kamu ko walima ko liyafar dare.

To, sau da yawa mutum yakan je ya ga wuri, a yi ciniki, ya ba da kafin alƙalami, a sa rana. Daga nan sai mai zaure ya yi ɓatan dabo. A buga waya ba a ɗauka, a aika saƙo ba amsa, ga rana tana ta matsowa, ga 'yan'uwa na nesa sun fara shirin tahowa. Abin da ake so jama'a su gane shi ne, irin wannan shiru gargaɗi ne. Wanda ya zauna yana jira har ana saura mako guda, shi ya fi kowa hasara.

Abin da Kan Kawo Shirun

Wani lokaci sakaci ne kurum na ma'aikata. Amma akwai dalilan da suka fi wannan muni. A lokutan da bukukuwa ke cunkushewa, watau watan Sha'aban kafin a kama azumi, da bayan Salla, da hutun Disamba, wasu masu zaure sukan ba mutum biyu rana ɗaya, sa'an nan su riƙa gudun wanda ya biya kaɗan. Wani kuma ma'aikacin da ya karɓi kuɗin ne ya bar aiki, bai rubuta sunan mai biki a littafi ba. Wani wurin kuwa shi kansa yana cikin rikicin haya, ko gyara ya tsaya, ko hukuma ta rufe shi. Akwai kuma mai son ƙara kuɗi, yana jira sai rana ta ƙure, lokacin da mai biki ba shi da zaɓi. Ko wanne ne daga cikin waɗannan, jinkiri ba ya gyara shi.

Rigakafi Tun Ranar Ciniki

Lalle ne kada a ba da ko kwabo sai an rubuta yarjejeniya. A cikinta a bayyana ranar biki, da sa'ar buɗe zaure da ta tashi, da yawan kujeru da tebura, da wanda zai ɗauki nauyin janareta da mansa in wuta ta ɗauke. A rubuta jimlar kuɗi, da abin da aka biya, da ranar cika saura. Abu mafi muhimmanci, a rubuta abin da zai faru da kafin alƙalami idan ɗaya daga cikin ɓangarorin biyu ya fasa.

A biya ta banki, cikin asusun da ke ɗauke da sunan kamfanin, a guji asusun wani ma'aikaci ko ɗan kamasho. A karɓi rasit mai hatimi da sa hannu. Hukumar Rajistar Kamfanoni ta Ƙasa tana da shafi a intanet inda kowa zai iya duba ko sunan kamfani yana cikin rajista. Sa'an nan a karɓi lambar mutum biyu a wurin, manaja da wani na ƙasa da shi, domin in ɗaya ya ɓace a sami ɗaya.

Matakan da Za a Bi In An Ji Shiru

Na farko, zuwa da kai ya fi aike. In an yi kwana uku ko huɗu ana nema ba amsa, sai a tafi wurin a lokacin aiki, tare da wani dattijo ko aboki wanda zai zama shaida. A tafi da rasit da yarjejeniya, a nemi ganin manaja, a roƙi a nuna littafin da ake rubuta ranaku, a ga sunan mai biki da ido. A yi magana cikin ladabi, gama zafin rai yakan ba mai laifi hanyar kauce wa ainihin magana.

Na biyu, in ba a sami gamsuwa ba, a rubuta takarda. A sa kwanan wata, a faɗi ranar da aka biya da adadin kuɗin, a jera lokutan da aka nemi wurin ba a sami amsa ba. A ba da wa'adi bayyananne, misali kwana bakwai, cewa ko dai a tabbatar da ranar a rubuce, ko a mayar da kuɗi. A yi kwafi biyu, a miƙa ɗaya, wanda ya karɓa ya sa hannu a kan ɗayan. Duk saƙonnin waya da shaidar biya ta banki a adana su, kada a goge ko ɗaya.

Na uku, kada a ƙara biyan komai muddin ba a sami tabbaci a rubuce ba. In ba a riga an buga katin gayyata ba, a dakata. Masu girki da masu ƙawata wuri da mai ɗaukar hoto duk a sanar da su halin da ake ciki, domin su ma sun tsara aikinsu a kan wannan wuri ne.

Na huɗu, tun ranar da aka miƙa takarda a fara neman wani wuri. Akwai ɗakunan taro na makarantu, da na ƙananan hukumomi, da na ƙungiyoyi, akwai kuma filin unguwa da rumfunan haya. Ya kamata iyalan ango da na amarya su zauna su yanke ranar da in ta wuce ba amsa, za a koma wuri na biyu ba tare da waiwaye ba. Rashin sa wannan rana shi ke jawo zargi tsakanin surukai, kowane gida yana ɗora wa ɗaya laifi tun kafin a kai amarya.

Abin da Doka Ta Tanada

Dokar Gasar Kasuwanci da Kare Haƙƙin Masu Saye ta Tarayya ta 2018, wadda aka sa wa hannu a farkon 2019, ita ta kafa hukumar da ake kira FCCPC, wadda ta maye gurbin tsohuwar Majalisar Kare Haƙƙin Masu Saye. Sashe na 130 na dokar ya ba wanda ya biya kuɗin aiki haƙƙin a yi masa aikin a kan lokaci, kuma a sanar da shi da wuri in an sami jinkirin da ba makawa. Sashe na 120 kuwa ya ba mutum ikon fasa abin da ya kama tun da wuri, sai dai mai wurin yana iya cire wani abu daidai gwargwado. Wajen auna wannan, akan duba tsawon sanarwar da aka bayar, da kuma ko mai wurin zai iya samun wani ya maye ranar. Saboda haka, wanda ya fasa da wuri, a rubuce, ya fi ƙarfin hujja a kan wanda ya bari sai ana gobe biki.

Wanda aka hana kuɗinsa yana iya kai ƙara ga wannan hukuma, ko a ofishinta ko ta shafinta na intanet. Yana kuma iya zuwa kotu. Jihar Legas ta buɗe kotunan ƙananan basussuka a 2018, Jihar Kano ta bi baya a 2019, wasu jihohi ma sun kafa nasu. A waɗannan kotuna mutum yana iya tsaya wa kansa ba tare da lauya ba, kuma akan fara ne da takardar neman biya.

Akwai abin lura guda. Saɓa yarjejeniya kurum ba laifin da ake kama mutum a kansa ba ne, Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ma ta hana yin haka. Don haka kada a ɗauko ɗan sanda ko 'yan unguwa domin karɓo kuɗi da ƙarfi. Amma in ta bayyana cewa wanda ya karɓi kuɗin ba shi da wata alaƙa da zauren, ko kuwa babu zauren ma sam, wannan zamba ce, kuma ofishin 'yan sanda ne wurin kai ta.

Kammalawa

Daga ƙarshe, ya kamata jama'a su tuna cewa zaure wurin shagali ne kawai. Aure kuwa a masallaci ko a ƙofar gidan waliyyi ake ɗaura shi, ko a coci, ko a ofishin rajista, kuma babu mai zauren da shirunsa zai hana wannan. In wuri ya gagara, a sauya wuri, a sanar da baƙi da wuri, a yi biki a ranarsa. Kuɗin da aka riƙe kuwa, mai rasit da takarda a hannu yana da hanyar binsu ko bayan an watse.

Allah ya ba ma'aurata zaman lafiya, ya kuma sa albarka a cikin taronsu.